FILIN WASANNI: Yadda Aka Fara Rukuni na Biyu a Ƙwallon Ƙafar Ingila

 

Duk ƙarshen kakar wasa musu ɗaya ake yi a ƙarƙashin bishiya lokacin tara: wa zai ɗauki kofin Firimiya, su wa kuma za su faɗa gasar 'yan dagaji. Da yawanmu mun ɗauka haka ƙwallo take tun fil azal, uku su sauka uku su hau. Ba haka abin yake ba. Akwai lokacin da babu rukuni na biyu sam, kuma ko da aka kafa shi, ƙungiyar da ta zo ta ɗaya a shekarar farko ba ta hau sama ba. A wannan makon mun kawo muku labarin kakar 1892 zuwa 1893, kakar farko ta rukuni na biyu a Ingila, shekara goma sha ɗaya kafin Turawa su shigo Kano a 1903.

Kafin a samu rukuni na biyu

A 1885 hukumar ƙwallon ƙafa ta Ingila ta halatta a riƙa biyan 'yan wasa albashi. Daga nan ƙungiyoyi suka shiga wani hali. Albashi kowane mako ake biyansa, amma wasa ba kowane mako ake samu ba. Wasannin sada zumunta ake yi, kuma sau da yawa abokan karawa sukan fasa zuwa, a rasa kuɗin ƙofa.

Wani mai sayar da yadi a birnin Birmingham, William McGregor, wanda yake cikin shugabannin Aston Villa, shi ya kawo shawarar manyan ƙungiyoyi su tsara jadawali, kowace ta kara da kowace sau biyu, gida da waje. Haka aka kafa gasar Football League a 1888 da ƙungiyoyi 12. Preston North End ce ta fara lashe ta, ba a doke ta ko sau ɗaya ba.

Ƙungiyoyin da ba a ɗauka ba ba su zauna ba. A 1889 suka kafa tasu gasar mai suna Football Alliance. Shekara uku aka yi ana tafiya da gasa biyu kishiyoyin juna. A 1892 aka daidaita, aka haɗe su wuri ɗaya. Aka faɗaɗa babbar gasar daga ƙungiyoyi 14 zuwa 16, aka sa mata suna rukuni na ɗaya. Ƙungiyoyi uku daga Alliance suka shiga cikinta kai tsaye: Nottingham Forest da The Wednesday da Newton Heath. Mafi yawan sauran, tare da wasu sababbi, su suka zama rukuni na biyu.

Ƙungiyoyi goma sha biyun farko

Ga su kamar yadda suka ƙare a teburi, daga ta ɗaya zuwa ta ƙarshe: Small Heath, Sheffield United, Darwen, Grimsby Town, Ardwick, Burton Swifts, Northwich Victoria, Bootle, Lincoln City, Crewe Alexandra, Burslem Port Vale, sai Walsall Town Swifts.

Mun san wasu za su ce ba su taɓa jin yawancin waɗannan sunaye ba. To ku ƙara dubawa. Ardwick ita ce ta koma Manchester City a 1894. Small Heath ita ce Birmingham City ta yau. Newton Heath kuwa, wadda ma'aikatan jirgin ƙasa suka kafa a 1878, ita ce ta zama Manchester United a 1902. Ku riƙe sunanta, za mu dawo kanta.

Dukkan ƙungiyoyin daga arewaci da tsakiyar Ingila suke, yankin masaƙu da maƙeru da ma'adinan kwal. Babu ko ɗaya daga Landan. 'Yan kallo yawanci ma'aikatan masana'antu ne da ke tashi daga aiki da tsakar ranar Asabar, su wuce filin wasa.

Dokokin lokacin ma daban suke da na yanzu. Maki biyu ake bayarwa idan an yi nasara, ɗaya idan an yi canjaras. Sai a 1981 aka koma maki uku a Ingila. Babu canjin ɗan wasa, wanda ya ji rauni ko dai ya daure ko ƙungiyarsa ta ƙarasa da mutum goma. Bugun daga kai sai mai tsaron gida shekararsa ɗaya kacal da shigowa, domin a 1891 aka kafa dokarsa.

Yadda kakar ta gudana

An fara a watan Satumba na 1892, aka ƙare a Afrilu na 1893. Kowace ƙungiya ta buga wasa 22. Tun da wuri aka ga akwai rata mai yawa tsakanin na sama da na ƙasa. Ranar 10 ga Disamba Sheffield United ta bi Burslem Port Vale har gida ta zura mata 10 da nema. Bayan mako ɗaya, ranar 17 ga wata, Small Heath ta lallasa Walsall Town Swifts da ci 12 da nema.

A ƙarshe Small Heath ce ta zo ta ɗaya. Ta ci wasa 17, ta yi canjaras 2, aka doke ta sau 3. Ku yi lissafin da kanku: 17 sau 2 ya ba da 34, a ƙara 2, maki 36 ke nan. Ta zura ƙwallo 90, wato fiye da huɗu a kowane wasa, aka zura mata 35. Ɗan wasanta Fred Wheldon shi ya fi kowa cin ƙwallo a rukunin. Sheffield United ta biyo baya da maki 35, Darwen ta zo ta uku da 30.

Da a yau ne, da Small Heath ta hau sama babu wata magana. Amma shugabannin wancan lokaci sun yi wani tsari da suka kira wasannin gwaji. Ƙungiyoyi uku na saman rukuni na biyu za su kara da uku na ƙasan rukuni na ɗaya, wasa ɗaya a filin da ba na kowa ba. Ta ɗaya a ƙasa ta haɗu da ta ƙarshe a sama, ta biyu da ta kusa da ƙarshe, haka har ta uku.

Mu kwatanta da makaranta. A ce ɗalibi ya yi na ɗaya a aji uku bayan jarrabawar zango uku, sai a ce ba zai shiga aji huɗu ba sai ya zauna jarrabawa guda, rana ɗaya, da wanda ya yi na ƙarshe a aji huɗu. Idan ranar ya tashi da zazzaɓi, shi ke nan, wahalar shekara ta tafi a banza.

Abin da ya sami Small Heath ke nan. Abokiyar karawarta ita ce Newton Heath, wadda ta ƙare a ƙarshen rukuni na ɗaya da maki 18 a wasa 30. Aka buga a garin Stoke aka tashi 1 da 1. Aka sake bugawa a Sheffield, Newton Heath ta ci 5 da 2. Zakara ta zauna a ƙasa, ta ƙarshe ta zauna a sama. Su kuwa na bayan zakarar suka wuce ta: Sheffield United ta doke Accrington da ci 1 da nema, Darwen ta doke Notts County da ci 3 da 2, duka biyun suka hau rukuni na ɗaya.

Abin da ya biyo baya

Notts County ta sauka rukuni na biyu. Accrington kuwa, ɗaya daga cikin ƙungiyoyi 12 da suka kafa gasar a 1888, ta ga da muguwar rawa gara ƙin tashi, ta fice daga gasar baki ɗaya. Bootle ma ta janye bayan kaka ɗaya saboda rashin kuɗi. Wannan ita ce babbar matsalar ƙaramin rukuni tun daga farko: kuɗin jirgin ƙasa da albashi suna nan yadda suke, 'yan kallo kuwa kaɗan ne.

A kakar 1893 zuwa 1894 aka ƙara ƙungiyoyin zuwa 15. Cikin sababbin da suka shigo akwai Liverpool da Newcastle United da Woolwich Arsenal, wadda ita ce ƙungiya ta farko daga kudancin Ingila da ta shiga gasar. Magoya bayan waɗannan ƙungiyoyi a makarantarmu su sani, daga rukuni na biyu gwanayensu suka fara.

Liverpool ta lashe rukunin a shekararta ta farko ba tare da an doke ta ba, ta haɗu da Newton Heath a wasan gwaji, ta ci ta 2 da nema. Liverpool ta hau, Newton Heath ta sauka. Small Heath, wadda ta zo ta biyu a wannan karon, ta doke Darwen ta samu hawan da ya kuɓuce mata bara. A shekarar ce kuma Notts County ta ɗauki kofin ƙalubale na FA bayan ta doke Bolton Wanderers da ci 4 da 1, ta zama ƙungiyar rukuni na biyu ta farko da ta yi haka.

Ranar da wasannin gwaji suka mutu

Daga baya aka sauya tsarin, ƙungiyoyi huɗu suka riƙa yin ƙaramar gasa ta maki, biyun da suka fi maki su samu gurbi a sama. A nan asirin tsarin ya tonu. Ranar 30 ga Afrilu, 1898, Stoke da Burnley suka haɗu a wasan ƙarshe. Kowacce ta san idan aka yi canjaras, su biyun duk suna rukuni na ɗaya. Aka yi minti casa'in ana gara ƙwallo, babu mai neman ragar wani, aka tashi babu ci. 'Yan kallon da suka biya kuɗinsu suka fusata.

Shugabannin gasar suka soke wasannin gwaji a wannan shekarar. Suka faɗaɗa kowane rukuni zuwa ƙungiyoyi 18, abin da ya sa Blackburn Rovers da Newcastle United, waɗanda canjaras ɗin ya cuta, su ma suka samu gurbi a sama. Daga kakar da ta biyo baya aka kafa ƙa'ida mai sauƙi: biyun ƙarshe a sama su sauka, biyun farko a ƙasa su hau, teburi shi ne alƙali.

Daga wancan lokaci zuwa yau

Sunan rukunin ya sauya sau biyu. Da aka kafa Firimiya a 1992 sai aka mayar da shi rukuni na ɗaya, a 2004 kuma aka sa masa Championship. Yanzu ƙungiyoyi 24 ne, kowacce tana buga wasa 46. Biyun farko suna hawa kai tsaye. Gurbi na uku kuwa sai an yi wasannin cike gurbi, waɗanda aka shigo da su a 1987, amma a yanzu tsakanin 'yan rukunin ne kawai, kuma ba sa taɓa zakara.

Mun ga amfanin wannan tsari da idonmu. Leicester City, da 'yan ƙasarmu Wilfred Ndidi da Kelechi Iheanacho a cikinta, ta faɗa a 2023, ta lashe Championship a 2024 ta koma Firimiya. A nan gida ma Kano Pillars, mai kofin gasar Najeriya huɗu, ta sauka rukuni na biyu a 2022, ta dawo a 2023. Ba don akwai tsani mai hawa da sauka ba, da wanda ya faɗi ya faɗi ke nan, ƙananan ƙungiyoyi kuma ba su da abin da za su yi wa fafutuka.

Tambayarmu ta wannan mako ita ce: wanne ya fi adalci, a yi hukunci da aikin shekara guda, ko da wasan rana ɗaya? Ɗalibai da malamai duk muna son jin ra'ayinku. A rubuta a takarda da suna da aji, a jefa a akwatin ƙungiyar 'yan jarida. Za mu liƙa amsoshin da suka fi gamsarwa a fitowa ta gaba.

Sai mun haɗu mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.