Garatuti bashi ne, da takarda ake bin sa

Ma'aikacin da ya cika shekara 35 yana aiki, ko ya kai shekara 60 da haihuwa ya yi ritaya, kuɗin sallamarsa ba alfarma ba ne da zai zauna jiran wani ya ji ƙansa. Sashe na 210 na tsarin mulkin 1999 ya hana a riƙe fansho ko garatutin ma'aikacin jiha, ko a sauya shi ta yadda zai cutu, sai da hujjar doka. Malamin firamare a Argungu da akawu a sakatariyar Birnin Kebbi duk suna ƙarƙashin wannan kariya. Bashi ne ke nan a wuyan gwamnati. Sai dai bashin da ba shaida, ko alƙali na tausayin mai shi, ba abin da zai iya yi masa.

Tun daga gyaran tsarin mulki na 2010, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke da hurumin sauraron ƙarar albashi da fansho da garatuti, kuma tana da reshe a Sakkwato. Wanda ya kai kukansa wata kotu daban yana iya share shekara ana ɗage zama, a ƙarshe a ce masa ba nan ba ne. Ita kuwa wannan kotu takarda take tambaya: ta ɗaukar aiki, ta tabbatarwa, ta ƙarin girma na ƙarshe, ta amincewa da ritaya, da wadda aka lissafa kuɗin a cikinta. A nan mutanen Kebbi suke da wata matsala tasu. An cire jihar daga Sakkwato ranar 27 ga Agusta 1991, don haka wanda ya fara aiki kafin nan, takardarsa ta farko sunan tsohuwar jihar take ɗauke da shi. Idan ta ɓata a fayil, shekarun farko na aikinsa sun zama abin musu, kuma da yawan shekaru ake lissafin garatuti. A ajiye kwafin kowace takarda a gida, nesa da gara da yoyon damina, kuma duk wasiƙar tuni da aka kai ofis a sa a buga wa kwafinta hatimi da kwanan wata.

Wani zai ce haƙuri ya fi, tunda gwamnati kan biya kashi-kashi idan ta samu sarari. Haƙuri abu ne mai kyau, amma kuɗi ba ya jira. Mafi ƙarancin albashi na ƙasa ya tashi daga naira 30,000 a 2019 zuwa 70,000 a 2024 saboda tsadar rayuwa. Garatutin da aka lissafa a 2019 kuwa yana nan yadda yake a takarda, shinkafar da zai saya ce ta ragu. Ga kuma lauyoyin gwamnati da kan ɗauko dokar kare jami'ai mai wa'adin wata uku su ce an makara. Kotuna sun sha yin watsi da wannan hujja a shari'ar haƙƙin aiki, amma mai dogon jinkiri ya ba su abin kamawa.

Wani kuma zai ce shari'a da gwamnati asarar kuɗin lauya ce. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, domin hukunci daban, kuɗi a hannu daban: sashe na 84 na dokar zartar da hukunci ya ce kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da izinin Antoni Janar, wato lauyan wanda ake bi bashin. Shi ya sa kotu ba ita ce matakin farko ba, kuma ba a zuwanta a ɗaiɗaiku. Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a tana sauraron ƙorafi kyauta, ƙungiyar 'yan fansho tana iya haɗa masu matsala iri ɗaya a ƙara guda su raba kuɗin lauya, ita kanta kotun tana da sashen sulhu. Abin da za a guje wa shi ne ɗan kamashon bakin ofis mai cewa a ba shi kaso ya fito da fayil. Ba ya ba da rasit, kuma asalin takardun da aka damƙa masa sukan tafi tare da shi.

Idan ma'aikaci ya rasu kafin a biya, haƙƙin bai mutu ba, ya koma cikin gado. Sunan da ya rubuta a fom a matsayin makusanci bai mai da wannan mutum mai kuɗin shi kaɗai ba. Magada su nemi takardar shaidar rasuwa da takardar kotu, sannan su bi fayil ɗin daga inda marigayin ya tsaya.