Abdullahi Mamani da Sarauniyar Lugu: Daga Littafi Zuwa Majigi

Manufar wannan takarda ita ce a nuna yadda alƙalamin mutum guda ya ɗauko wata mace daga gefen tarihi ya kafa ta a tsakiyarsa. Mutumin nan shi ne Abdullahi Mamani, ɗan Jamhuriyar Nijar, wanda ya yi rubutunsa da Faransanci.

An haife shi a Gudumariya cikin 1932. Siyasa ya fara kafin adabi, domin yana cikin jam'iyyar Sawaba ta Jibo Bakari, har ya wakilci Damagaram a majalisa. Da aka haramta jam'iyyar sai ya yi gudun hijira, ya daɗe a Aljeriya. Bayan juyin mulkin 1974 ya komo gida, amma gwamnatin Seyni Kunce ta tsare shi. Wanda ya ɗanɗana wannan, ba abin mamaki ba ne in ya zaɓi labarin mai ƙin miƙa wuya.

Cikin 1980 aka buga ƙagaggen labarinsa, Sarraounia, a Paris. Tushensa gaskiya ne: cikin Afrilun 1899 rundunar Faransa ƙarƙashin Bule da Shanuwan, wadda ta ratso ƙasa tana ƙone garuruwa, ta gamu da turjiyar Aznan Lugu, kusa da Dogon Dutse, a ƙarƙashin Sarauniya Mangu. To, amma abin da takardun Turawa suka ajiye game da ita kaɗan ne ƙwarai. Yarintarta, da renonta, da kalamanta gaban mayaƙa, galibinsu ginin Mamani ne bisa abin da ya tsinta daga bakin mutane. A nan ya kamata manazarci ya yi hattara, don kuwa Sarauniyar da ɗalibai suka sani yau, rabinta ta Lugu ce, rabinta ta marubucin.

Sa'an nan aka zo ga majigi. Mamani ya haɗa hannu da Med Hondo, mutumin Muritaniya, suka mai da littafin tsarin fim. Aikin nan ba kwafi ba ne, watau abin da shafi ke bayyanawa a zuci dole a mai da shi abin da ido zai gani. Fim ɗin ya fito cikin 1986, ya kuma ci babbar lambar bikin FESPACO na Wagadugu cikin 1987. Sai dai a Burkina Faso aka ɗauke shi, Ai Keita ce ta fito a matsayin Sarauniya, bakin da aka fi ji kuwa Julanci ne da Faransanci. Labarin ƙasar Arewa ke nan ya zaga duniya da harshen wasu, abin da ya cancanci masu nazarin Hausa su tsaya a kansa.

Mamani ya rasu cikin 1993, a haɗarin mota tsakanin Damagaram da Yamai, yana kan hanyar karɓar lambar adabi ta Bubu Hama.