Kalmar "Lanƙwasasshe" a Darasin Siffofi: Ma'anarta da Yadda Ya Kamata a Yi Amfani da Ita

1.0 Gabatarwa

Daga cikin abubuwan da yaro kan fara cin karo da su a darasin lissafi na ƙananan azuzuwan firamare akwai rarrabe siffofi: wannan murabba'i ne, wancan alwatika, wancan kuma da'ira. Kafin a kai ga sunayen siffofin, dole ne yaro ya san bambancin layi iri biyu, wato wanda ya miƙe da wanda bai miƙe ba. Na farko bai taɓa jawo gardama ba, domin kusan kowa ya yarda da "miƙaƙƙen layi". Na biyun ne ke da matsala. Wani malami ya ce "karkataccen layi", wani ya ce "tanƙwararre", wani "mai kwana", wani kuma ya kauce wa Hausar baki ɗaya ya faɗi kalmar Ingilishi. Wannan maƙala za ta dubi kalmar "lanƙwasasshe" a matsayin keɓaɓɓiyar kalmar da ta fi dacewa da layi ko siffar da babu miƙaƙƙen yanki a jikinta, tare da nuna iyakar inda kalmar take aiki.

Mai karatu zai iya tambayar ko aikin yana da sauran amfani. Manufar ilimi ta ƙasa, tun daga bugun 1977, ta tanadi a koyar da ƙananan azuzuwan firamare da harshen uwa ko harshen da ya fi rinjaye a yankin. A 2022 aka faɗaɗa tanadin zuwa shekaru shida na firamare, sannan a watan Nuwamba na 2025 Ma'aikatar Ilimi ta Tarayya ta sanar da janye shi da komawa ga Ingilishi. Sai dai duk wanda ya san aji ya san cewa da zarar yara sun yi tsuru-tsuru, malami kan juya harshe ya yi bayani da Hausa. Kalmar da ya zaɓa a wannan lokaci ita ce za ta zauna a kan yaro, ko da da Ingilishi aka rubuta jarrabawar.

2.0 Ƙirar Kalmar

Tushen kalmar shi ne aikatau "lanƙwasa", kamar a ce maƙeri ya lanƙwasa ƙarfe. Daga gare shi ake samun "lanƙwashe" (ƙarfen ya lanƙwashe) da "lanƙwasu" (ƙarfen ya lanƙwasu). Sifar da aka samo daga wannan aikatau tana bin tsarin da yaro ya riga ya sani a kalmomi irin su dafaffe da soyayye da gasasshe, kuma tana sauyawa bisa jinsi da adadi: lanƙwasasshen layi, lanƙwasasshiyar siffa, lanƙwasassun layuka. A lura cewa bisa ƙa'idar rubutu ta yanzu "ssh" ake rubutawa, ba "shsh" ba kamar yadda ake gani a wasu tsofaffin rubuce-rubuce. Haka nan, a wannan maƙala an bar "sifa" ga nahawu, "siffa" kuma ga lissafi, duk da cewa asalinsu ɗaya, don kada a rikita su.

Akan yi wa kalmar suka cewa irin wannan sifa tana nuna sakamakon wani aiki, alhali kuwa da'ira ba wanda ya lanƙwasa ta. Sukar ba ta da ƙarfi. Hasken da ke shigowa ta kafar taga a miƙe yake tafiya, kuma ba a taɓa jin wanda ya ƙi kiran hanyarsa miƙaƙƙiya ba don ba a ga wanda ya miƙar da ita ba. Hausa ta daɗe tana amfani da irin wannan sifa wajen nuna halin da abu yake ciki kawai.

3.0 Kalmomin da Ake Rikita Ta da Su

Mafi haɗari a cikinsu ita ce "karkatacce". Idan aka ce bango ya karkace, ko hula ta karkace, ana nufin abin ya bar tsayuwarsa ta daidai ya jirkice gefe guda. Sandar da aka jingina a bango a karkace take, amma sandar miƙaƙƙiya ce. Ke nan layi yana iya zama karkatacce kuma miƙaƙƙe a lokaci guda, kamar gefuna biyu na harafin A. Mu ƙaddara malami ya koya wa yara cewa layi iri biyu ne, miƙaƙƙe da karkatacce, sannan ya zana alwatika ya tambaye su miƙaƙƙun layuka nawa ne a jikinta. Yaro mai lura zai ce ɗaya, domin gindin ne kaɗai yake kwance daidai, sauran biyun a karkace suke. Yaron bai yi kuskure ba, kalmar da aka ba shi ce ta kai shi can. Bugu da ƙari, "karkatacce" tana ɗauke da ma'anar aibi, shi ya sa ake cewa karkatacciyar hanya ko karkataccen tunani. Da'ira kuwa ba ta da aibin komai, bai kamata yaro ya ɗauka cewa miƙaƙƙen layi ne da ya lalace ba.

"Tanƙwararre" ta fi kusa, kuma karin maganar nan ta icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi ta sa kowa ya san ta. Matsalarta ita ce ana iya tanƙwara waya ta ba da kusurwa mai kaifi kamar harafin L, inda ɓangarorin biyu duk miƙaƙƙu ne. Gaskiya ne cewa a maganar yau da kullum "lanƙwasa" ma takan ɗauki wannan ma'ana, domin mutum kan lanƙwasa gwiwa. Amma a kunnen mafi yawan masu magana, ita ta fi karkata ga laushin juyawa irin na lauje da jinjirin wata, kuma aikin keɓe kalma dama shi ne a ɗauki ɗaya daga ma'anoninta a tsayar da ita a kai. "Murɗaɗɗe" ta igiya ce da abin da aka murɗa. "Kewayayye" kuwa ta dace da layin da ya zagayo ya haɗe da mafarinsa, saboda haka ta yi wa da'ira daidai amma ba ta yi wa baka ba. "Kwana" kalmar direbobi ce, kuma ba ta bambanta kwana mai kusurwa da mai laushi.

Akwai kuma masu gudun duk wannan ta hanyar cewa "layin da ba miƙaƙƙe ba". Wannan ma ba ta fitar ba. Haƙoran zarto da harafin W ba miƙaƙƙen layi ɗaya ba ne, amma babu lanƙwasa ko kaɗan a jikinsu, gajerun miƙaƙƙun layuka ne aka jera da kusurwoyi a tsakaninsu. Irin wannan "karyayyen layi" ya kamata a kira shi.

4.0 Ma'anar da Ake Ba da Shawara

Lanƙwasasshen layi shi ne layin da alƙiblarsa take sauyawa sannu a hankali tun daga farkonsa har ƙarshensa, ba tare da wani yanki nasa ya miƙe ba. Ga yaran aji ɗaya zuwa uku ba a buƙatar wannan jimla. Gwajin rula ya wadatar: a ɗora rula a kan layin, idan babu inda layin ya bi bakin rular na wani tsawo, sai dai ya taɓa ta a ɗigo ɗaya ko ya tsallake ta, to lanƙwasasshe ne.

A nan ne Hausa ta ba mu wata dama da ya kamata masu tsara manhaja su riƙe. Harshen yana bambanta "lanƙwasasshe" da "mai lanƙwasa". Na farko yana nuna abin gaba ɗayansa, na biyu kuwa yana nuna cewa akwai lanƙwasa a wani sashe nasa. Malamin Hausa ma ya riga ya shuka wannan bambanci ba tare da ya sani ba, domin haruffan ɓ da ɗ da ƙ, waɗanda suka shigo rubutun boko a shekarun 1930, ana kiran su haruffa masu lanƙwasa ko masu ƙugiya. Babban harafin K miƙaƙƙun layuka ne zalla. Da aka ɗora masa ƙugiya ya zama Ƙ, sai ya koma mai lanƙwasa, amma bai zama lanƙwasasshe ba. Saboda haka abacada kanta kayan aiki ce da ba ta buƙatar kuɗi: haruffan C da O da S lanƙwasassu ne, A da E da H da M da Z miƙaƙƙu ne, B da D da R kuwa masu lanƙwasa ne. Haka alƙaluman ƙidaya: 0 da 3 da 8 a rukunin farko, 1 da 4 da 7 a na biyu, 2 da 5 a na uku. Idan aka koma kayan gida, bakin ƙwarya da faifai da zobe da awarwaro lanƙwasassu ne. Rabin da'ira kuwa mai lanƙwasa ce, tunda gindinta a miƙe yake.

Akwai wani misali daga gine-ginen Hausa da ya cancanci shiga littafin manyan azuzuwa. Bakan gizon da magina ke ɗaurawa don riƙe rufin soro, irin wanda Babban Gwani Malam Mika'ilu ya yi a Masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, a farkon rabin ƙarni na 19, da azara ake gina shi. Ita kuwa azara miƙaƙƙen icce ce da ake tsagowa daga giginya. Magini kan jera gajerun azaru mataki-mataki, kowane mataki ya ɗan fi na ƙasansa sunkuyawa ciki, a ɗaure su, sannan a shafe da ƙasa. Ƙashin ginin karyayyen layi ne, abin da ido ke gani kuwa lanƙwasasshe. Wannan ita ce dabarar da Arkimidis, masanin Girka da ya rasu a shekara ta 212 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya bi wajen auna da'ira. Ya kewaye ta ciki da waje da siffofi masu miƙaƙƙun gefuna har 96, ya nuna cewa idan aka raba tsawon kewayenta da faɗinta, amsar tana tsakanin 3 da 10/71 da kuma 3 da 1/7. Wannan adadi na biyu shi ne 22/7 da ɗalibanmu ke haddacewa ba tare da sanin inda ya fito ba. Ɗalibin da ya riƙe bambancin karyayye da lanƙwasasshe shi ne zai fahimci dalilin da ya sa 22/7 kusantowa ce kawai.

Ya kamata malaman sakandare su san cewa a babban lissafi akan faɗaɗa ma'anar lanƙwasa har ta haɗa da miƙaƙƙen layi, a matsayin layin da lanƙwasarsa sifiri ce. Wannan ba abin da za a kawo wa yaran firamare ba ne.

5.0 Inda Kalmar Ta Tsaya

Da zarar an bar zane a kan takarda an koma abubuwa masu jiki, sai kalmar ta fara ɗingishi. Bahaushe ba ya cewa ƙwallo lanƙwasasshe ne, cewa yake mulmulalle, kamar yadda ake mulmula fura. Babu dalilin tilasta wa kunne abin da ya ƙi. Abin da ya fi shi ne a bar wa ƙwallo da lemo da ƙwai "mulmulalle", a riƙa amfani da kalmarmu wajen bayyana fuskarsu: ƙwallo yana da lanƙwasasshiyar fuska guda ɗaya, bulo kuma yana da shimfiɗaɗɗun fuskoki shida.

Ko a nan ma akwai tarko. Gwangwanin madara yana da shimfiɗaɗɗun fuskoki biyu, sama da ƙasa, da lanƙwasasshiyar fuska ɗaya da ta kewaye shi. Amma idan aka tsayar da rula a jikinsa daga sama zuwa ƙasa, za ta kwanta lif ba tare da rata ba. Wato lanƙwasasshiyar fuska tana iya ƙunsar miƙaƙƙun layuka ta wata alƙibla. Haka abin yake a jikin mazurari, daga bakinsa zuwa tsininsa. A jikin ƙwallo ne kawai, da makamantansa, rula ba ta samun wurin kwanciya ta kowace fuska aka juya ta. Don haka kuskure ne littafi ya jera gwangwani da ƙwallo a ƙarƙashin "abubuwan da ba su da miƙaƙƙen layi". Gwajin da ya dace da fuska dabam yake da na layi: fuska shimfiɗaɗɗiya ce idan rula ta kwanta a kanta ta kowace alƙibla, lanƙwasasshiya ce idan akwai ko da alƙibla ɗaya da rular ta ƙi kwanciya. Yaro zai iya tabbatar da wannan da hannunsa, domin gwangwani yana gangarawa idan an kwantar da shi kuma yana tsayawa cak idan an kafa shi a kan gindinsa, ƙwallo kuwa ba shi da gindin da za a kafa shi a kai.

Shawarar da ake bai wa masu tsara manhaja da marubuta littattafan firamare ita ce su jinkirta gwangwani da mazurari har sai yara sun ƙware a kan layuka da siffofin da ake zanawa, kuma a jagoran malami a rubuta ƙarara cewa kada a yi amfani da "karkatacce" sai ga layin da ya jirkice daga tsaye ko daga kwance.