Biyetnam: fina-finan talakawa na cin kyauta a waje, a gida suna shan tambaya

Idan aka ce fim ɗin Biyetnam, da yawanmu yaƙi muke tunawa. To amma yau akwai matasa a ƙasar da suka juya kamara zuwa lunguna da ƙauyuka, ba babban kamfani a bayansu, ba taurari. Bashi, haya, caca da auren wuri su ne labaransu.

Mu ɗauki fim ɗin Rom na Tran Thanh Huy. Labarin wani yaro ne marar gata a birnin Ho Chi Minh, wanda ke karɓar kuɗin cacar bayan fage daga mazauna wani tsohon bene da ake shirin rushewa. Mutanen sun ci bashi, sun ɗora begensu kan lambobi. In lamba ta fito a ba yaron tukuici, in ba ta fito ba ya sha duka. Ƙanen mai fim ɗin ne ya fito a matsayin yaron, kuma aikin ya ci kusan shekara 8.

A 2019 Rom ya ci babbar kyautar sabbin masu shirya fim a bikin Busan na Koriya ta Kudu. A gida kuwa tara ta biyo baya: dong miliyan 40, wajen dalar Amurka 1,700, don an kai shi waje ba tare da izinin hukuma ba. Sai a Satumban 2020 aka nuna shi a gidajen sinima na ƙasar, bayan an yanke wasu wurare.

Me ya sa haka? A Biyetnam sai hukumar tantancewa ta sa hannu kafin a nuna fim. Mai shirya fim mai zaman kansa kuma galibi daga waje yake samun tallafi da masu kallon farko. Kun ga ke nan yana tsakanin wuta biyu: ya faɗi gaskiyar unguwa ya jawo wa kansa fushin hukuma, ko ya sassauta labarin ya rasa armashi.

Akwai kuma Ha Le Diem, wadda ta yi shekara 3 tana bin rayuwar wata yarinya ƴar ƙabilar Hmong a duwatsun arewa, inda al'adar sace amarya ba ta mutu ba. Fim ɗinta na 2021 ya shiga jerin 15 da aka tace don kyautar Oscar. Ta sami horo a wurin Varan, makarantar da ta samo asali daga tunanin Jean Rouch, Bafaranshen da ya daɗe yana ɗaukar fim a nan Nijar.

Abin da ke kan faranti shi ne wa zai ba da labarin talaka. In aka rufe bakin waɗannan matasa, yaron caca da yarinyar duwatsu ba su da wanda zai nuna wa duniya halin da suke ciki.