Talabijin da Abin da Ya Shuɗe

Akwai nau'in shirin talabijin da ba ya jera zamani daki-daki, sai ya cuɗa tsohon hoto da muryar mai rai, domin ya bayyana yadda zuciya take tuna abin da ya shuɗe. Mutanen garin Shagari suna da rabo a nan, domin an ɗauki hoton rantsar da Alhaji Shehu Shagari a matsayin shugaban ƙasa a Legas ran 1 ga Oktoba 1979. Amma Sifawa ta ƙasar Boɗinga, inda Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya zauna yana karantarwa har 1815, ba ta da hoton wancan zamani. Madogararta littattafan malamai ne da riwayar dattawa, waɗanda ya wajaba a naɗi muryoyinsu tun ajali bai riske su ba.