Janye Ƙara Daga Kotu: Abin Da Ya Kamata Mai Ƙara Ya Sani

Sau da yawa mutum yakan kai ƙara kotu, har a ba da sammaci, sa'an nan daga baya ya ga ya fi masa alheri ya janye, ko don dangi sun shiga tsakani an yi sulhu, ko don ya gano kuskure a takardunsa. Doka ba ta hana shi ba. Amma lokacin da ya janye shi ne zai nuna ko yana da damar sake komawa kotu a kan wannan magana.

Idan shari'a ba ta yi nisa ba, mai ƙara yana iya janyewa ta hanyar ba da sanarwa a rubuce ga kotu da kuma wanda yake ƙara. A nan alƙali yakan soke ƙarar ne kawai, watau ya cire ta daga jerin shari'o'in da ke gabansa. Wanda aka soke ƙararsa yana iya sake shigar da ita.

Amma idan wanda ake ƙara ya riga ya ba da amsa, aka ja daga, musamman in an fara jin shaidu, sai mai ƙara ya nemi iznin kotu. A wannan mataki alƙali yana iya korar ƙarar ɗungurungum, kamar yadda Kotun Ƙoli ta nuna a shari'ar Eronini da Ihuko a 1989. Ƙarar da aka kora ta mutu ke nan, ba a sake tayar da ita tsakanin mutanen nan a kan wannan batu. Dalili kuwa shi ne don kada wanda ya ga alamar zai sha kaye ya zame, ya je ya sake shiri, ya dawo yana wahalar da abokin shari'arsa. Ban da haka, kotu tana iya sa mai janyewa ya biya abokin shari'arsa kuɗin ɗawainiyar da ya yi.

Ƙarar zaɓe kuwa tata ƙa'idar daban ce. Ba a janye ta sai da iznin kotu. Kuma Sashe na 285 na Tsarin Mulkin 1999 ya ce a shigar da ita cikin kwana 21 daga ranar da aka bayyana sakamako, saboda haka wanda ya janye bayan wa'adin ya cika ba shi da sauran dama.

Idan sulhu ne ya kawo janyewa, abin da ya fi shi ne a rubuta sharuɗɗan, a kai wa alƙali ya mai da su hukunci, domin wanda ya saɓa a iya tilasta masa. Kada kowa ya sa hannu a takardar janyewa sai ya shawarci lauya. Marasa hali suna iya zuwa ofishin Hukumar Ba Da Agajin Shari'a, wadda aka kafa tun 1976 domin taimakon irinsu.