Babi na Ɗaya: Inda Ake Kafa Hujjar Bincike

Binciken ilimi, a ma'anar da jami'o'i suka ba shi, shi ne bin diddigin wata matsala da aka iyakance, ta hanyar tattara bayanai bisa tsari da tace su, har a kai ga sakamakon da wani manazarci zai iya bin sawunsa ya tabbatar da shi ko ya rushe shi. A sassan da ake rubuta kundin digiri da Hausa, kamar na jami'o'in Ahmadu Bello ta Zariya da Bayero ta Kano da Usmanu Ɗanfodiyo ta Sakkwato, al'ada ta kafu cewa babi na ɗaya, wato gabatarwa ko shimfiɗa, yakan ƙunshi dalilin bincike da manufarsa da muhimmancinsa da farfajiyarsa, a wasu lokuta har da hasashe da hanyoyin gudanar da shi. Wannan tsari yana da amfani, sai dai yakan ruɗi ɗalibi ya ɗauka cewa da zarar ya rubuta wani abu a ƙarƙashin kowane kanu to gabatarwa ta kammala, alhali kanun duka suna hidima ne ga tambaya ɗaya, wato me ya rage ba a sani ba wanda wannan aiki zai bayyana.

Masanin harshe ɗan Ingila John Swales, wanda ya nazarci gabatarwar muƙalu 48 a shekarar 1981, sannan ya daidaita ra'ayinsa a littafinsa na 1990, ya lura cewa gabatarwa mai ƙarfi takan bi matakai uku. Marubuci yakan fara da nuna fagen da yake ciki da abin da magabata suka tabbatar, sannan ya nuna giɓi, wato wurin da ayyukansu suka tsaya ko suka saɓa wa juna, daga nan ya faɗi yadda aikinsa zai shiga wannan gurbi. Mataki na biyu shi ne abin da malaman Hausa suke kira hujjar ci gaba da bincike, kuma a nan ne kundaye da yawa suke yin rauni.

Hujjar da aka fi gani ita ce cewa ba a taɓa yin aiki a kan wannan batu ba, kuma ita ce mafi rauni, domin rashin taɓa abu ba ya nuna cewa ya cancanci a taɓa shi, kuma sau da yawa abin da furucin yake tonawa shi ne ƙarancin karatun mai yin sa. Tarihin nazarin aikatau na Hausa ya nuna irin giɓin da yake da nauyi. A shekarar 1960 F. W. Parsons ya kasa aikatau gida bakwai bisa la'akari da karin sauti da wasalin ƙarshe, tsarin da ya samu karɓuwa har ya zama abin koyarwa a ajujuwa. Paul Newman, a muƙalarsa ta 1973, ya tunkari wannan tsari da kowa ya sani, ya nuna cewa ya cakuɗa aikatau na asali da waɗanda aka tsiro da su ta hanyar ƙari, kuma aikatau masu gaɓa ɗaya irin su ci da sha da bi, waɗanda babu ranar da Bahaushe ba ya furta su, ba su sami gida a cikinsa ba. A babban littafinsa na nahawu na shekarar 2000 ya ajiye irin waɗannan a wani aji na daban da ya laƙaba wa sifili. Giɓin ya fito ne daga fagen da aka riga aka nome, kuma wanda bai yi wa aikin Parsons karatun ƙwaƙƙwafi ba ba zai hango shi ba. Shi ya sa bitar ayyukan da suka gabata, ko da yake babi na biyu ake ware mata, dole ta riga gabatarwa a wajen aiki.

Da zarar giɓi ya fito fili, sauran kanun sukan zauna da kansu. Manufa ita ce abin da za a yi domin cike shi, kuma ya kamata a faɗe ta da aikatau da za a iya aunawa, kamar tantancewa ko kwatantawa, maimakon alkawarin bunƙasa harshen Hausa, wanda ya fi ƙarfin kundi ɗaya. Farfajiya kuwa ita ce iyakar da mai bincike ya shata wa kansa ta fuskar wuri da lokaci da yawan abin nazari. Ɗalibin da ya ce zai nazarci salo a waƙoƙin Mamman Shata ya ɗauki kayan da ba zai iya kai su gida ba, amma wanda ya zaɓi waƙoƙi goma na noma ya tambayi yadda kirari yake aiki a cikinsu, yana da abin da zai iya karewa a gaban malamai.

Akwai kuma ɗabi'ar buɗe babi da dogon bayani kan asalin Hausawa da labarin Bayajida da iyakokin ƙasar Hausa, ko da kuwa batun kundin karin harshen Gobir ne ko jigon wani littafin soyayya. Irin wannan shimfiɗa takan cinye shafuka kafin mai karatu ya san inda aka dosa. Ƙwararrun manazarta sukan rubuta gabatarwa sau biyu, ta farko lokacin neman amincewa da batu, ta biyu bayan an kammala babin sakamako, domin tambayar da aka fita da ita zuwa fagen tattara bayanai takan sauya fasali bayan an yi hira da mutane an kuma juyar da muryoyin da aka naɗa zuwa rubutu.